Mai Neman Babban Digiri Ba Ya Rabuwa Da Laburare

Garin Azuba yana kan hanyar da ta tashi daga Lafiya ta nufi Akwanga, kusa da Shabu inda Jami'ar Jihar Nasarawa take da tsangayarta ta koyon aikin gona. Kafin a ƙirƙiro Jihar Nasarawa daga tsohuwar Jihar Filato ran 1 ga watan Oktoba na 1996, duk mutumin wannan yanki da ya so ya ƙaro ilmi a jami'a, tilas ne ya ɗaure kayansa ya nufi Jos ko Makurɗi ko Zariya. Yanzu kuwa al'amari ya sake. A 2001, zamanin Gwamna Abdullahi Adamu, aka yi dokar da ta kafa jami'ar jiha a Keffi. A 2011 kuma aka buɗe Jami'ar Tarayya ta Lafiya, wadda take ɗaya daga cikin sababbin jami'o'i tara da Gwamnatin Tarayya ta kafa a lokaci guda, Farfesa Ekanem Braide ce kuwa ta fara shugabantarta.

Saboda haka a yau malamin makarantar sakandare da ke zaune a Azuba, ko ma'aikacin gona na ƙaramar hukuma, ko akawu a sakatariyar jiha, yana iya neman digiri na biyu, har ma da na uku watau na dakta, ba tare da ya bar aikinsa ko iyalinsa ba. Wannan abin farin ciki ne ƙwarai. Amma fa samun gurbin karatu ba shi ne samun ilmi ba. Akwai wani wuri a cikin kowace jami'a wanda nasarar irin wannan ɗalibi ta rataya a kansa, ko da yake ba a cika ambatonsa ba a ranar bikin ba da digiri. Wurin nan shi ne laburare.

Ɗalibi Suna Ya Tara

Mai neman digiri na farko ana koya masa abin da masana suka riga suka gano ne, a jarraba shi a kai, in ya ci a ba shi takardarsa. Littattafai kaɗan da abin da ya rubuta a aji suna iya fid da shi. Amma mai neman digiri na biyu ko na uku, abin da ake bukata gare shi shi ne ya yi bincike da kansa, ya rubuta kundi wanda zai ƙara wani abu, kome ƙanƙantarsa, a kan abin da aka sani. To, ta yaya mutum zai ƙara a kan abin da bai san iyakarsa ba?

Shi ya sa a galibin kundayen digiri ake keɓe babi guda domin bitar ayyukan da suka gabata. A nan ne ɗalibi zai nuna cewa ya karanta abin da magabata suka rubuta game da batunsa, ya ga inda suka dace da inda suka saɓa wa juna, ya kuma gano giɓin da shi zai cike. In wannan babi ya yi rauni, sauran aikin duka ya zama gini a kan yashi. Ɗalibi yana iya shafe shekara biyu yana wahala a kan abin da wani ya gama bincikensa tuntuni a Zariya ko a Ibadan, ba kuwa zai sani ba sai ranar kare kundi, lokacin da mai jarrabawa na waje ya ɗago kai ya tambaye shi ko ya ga aikin wane.

Alal misali, mu ɗauki ɗalibin aikin gona a Shabu wanda yake son ya yi nazari a kan riɗi, amfanin gonar da Jihar Nasarawa ta yi suna a kansa. Kafin ya sari ƙasa ko taki ɗaya, ya kamata ya san abin da cibiyar binciken hatsi ta ƙasa da ke Badeggi a Jihar Neja ta yi, domin riɗi yana cikin amfanin gonar da aka ɗora mata alhakin bincikensu. In doya ce ko rogo, sai ya waiwayi cibiyar da ke Umudike da kuma cibiyar IITA ta Ibadan. In gyaɗa ce ko dawa, sai Samaru. Rahotannin waɗannan cibiyoyi da maƙalun masanansu ba a sayar da su a kasuwa. Laburare ne yake da hanyar kai wa gare su.

Mujallu Da Tsadarsu

Jama'a da yawa in an ce laburare, littattafai ne kawai suke zuwa musu a rai. Amma ga mai bincike mai zurfi, mujallun ilmi sun fi littafi muhimmanci, domin a cikinsu ne ake fara buga sabon sakamakon bincike, wani lokaci shekaru da dama kafin ya shiga littafi. Mafi yawan manyan mujallun nan kuwa a Turai da Amurka ake buga su, da kuɗin ƙasashen waje ake biyansu.

Wannan shi ne tushen wata tsohuwar matsala. A shekarun 1960 da 1970 ɗakunan karatu na jami'o'inmu na farko, irin su na Ibadan da Laburaren Kashim Ibrahim na Jami'ar Ahmadu Bello, suna karɓar mujallu daga ko'ina a duniya a kai a kai. Da tattalin arziki ya karye, aka kuma rage darajar Naira a ƙarƙashin shirin SAP tun daga 1986, sai jami'o'i suka kasa biya. Wanda duk ya taɓa duba kantocin tsofaffin ɗakunan karatun nan zai ga yadda jerin mujallu yake tafiya shekara bi shekara, sa'an nan ya yanke a tsakiyar shekarun 1980. A 1990 sai da aka ciwo bashin dala miliyan 120 daga Bankin Duniya domin jami'o'in tarayya, wani kaso mai yawa na kuɗin kuwa littattafai da mujallu aka sayo da shi. Yarjejeniyar da ƙungiyar malaman jami'a ta ASUU ta yi da gwamnati a 1992 ta kai ga ware wa laburare kashi 10 cikin 100 na kuɗin gudanar da jami'a, ta kuma haifar da harajin ilmi na 1993, wanda asusunsa ya rikiɗe ya zama TETFund a 2011. Cikin abubuwan da asusun nan yake ba jami'o'i kuɗi dominsu har da bunƙasa laburare. Duk da haka, sakin Naira da aka yi a watan Yuni na 2023 ya sake tunatar da kowa cewa duk abin da ake biya da dala, farashinsa yana iya ninkawa cikin 'yan watanni.

Sai dai zuwan intanet ya buɗe wasu ƙofofi waɗanda da babu su. A 2002 Hukumar Lafiya ta Duniya ta haɗa kai da manyan kamfanonin ɗab'i suka fara shirin HINARI, domin cibiyoyin ilmi na ƙasashe masu tasowa su riƙa karanta mujallun likitanci kyauta ko a kan kuɗi kaɗan. A 2003 Hukumar Abinci da Aikin Gona ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta biyo baya da AGORA, na mujallun aikin gona. Daga baya aka ƙara na muhalli da na fasaha da na shari'a, aka haɗa su duka a ƙarƙashin suna ɗaya, Research4Life. Akwai kuma AJOL, wanda aka fara a 1998, inda aka tara ɗaruruwan mujallun da ake bugawa a Afirka, na Nijeriya kuwa suna da yawa ƙwarai a ciki.

Abin lura a nan shi ne, shirye-shirye irin su AGORA da HINARI ba a yi wa mutum ɗaya rajista. Jami'a ake yi wa, laburare ne kuma yake riƙe da hanyar shiga. Ɗalibin da bai taɓa taka ƙafarsa can ya tambaya ba, sai ya yi ta laluben intanet da wayarsa, yana cin karo da maƙalar da aka ce sai ya biya dala 30 ko 40 kafin ya karanta, alhali kuwa mai yiwuwa ne jami'arsa tana da ikon buɗe masa ita. Hausawa sun ce rashin sani, kaza ta kwana a kan dami.

Takardun Da Ba Su A Intanet

Ba kome ne aka sa a kwamfuta ba. Wanda yake son ya rubuta tarihin masarautar Lafiya tun daga zamanin Muhammadu Dunama, ko tarihin Eggon da Alago da Migili da Gwandara, ko na cinikin gishirin Keana da Awe, tilas ya bi sawun takardu zuwa inda suke. A wannan yanki kuwa takardun a warwatse suke, dalili kuwa shi ne yawan sauyin mulki. A farkon zamanin Turawa Lafiya tana cikin Lardin Nasarawa. A 1926 aka mai da ita Lardin Binuwai. A 1967 ta shiga Jihar Binuwai da Filato, a 1976 ta zauna a Jihar Filato, sa'an nan a 1996 ta zama babban birnin jiha. Kowane sauyi ya bar takardunsa a wani gari dabam.

Rahotannin razdanoni da di'o-di'o na Lardunan Arewa suna reshen Kaduna na ma'adanar takardun tarihi ta ƙasa. A Kadunan dai akwai Gidan Arewa, wanda aka kafa a 1970 a tsohon gidan Sardaunan Sakkwato Sir Ahmadu Bello, ƙarƙashin jagorancin Farfesa Abdullahi Smith, inda aka tara littattafai da kundaye da rubuce-rubucen Larabci da ajami. Gidan kayan tarihi na Jos ma yana da nasa tarin rubuce-rubucen hannu. Akwai kuma tsofaffin littattafai irin bayanin da J. C. Sciortino ya buga a 1920 game da Lardin Nasarawa, waɗanda samunsu sai an tona.

Ba wanda yake tsammanin sabuwar jami'a za ta mallaki irin wannan taska cikin shekara goma ko ashirin. Abin da laburarenta zai yi shi ne ya zama ɗan jagora. Jami'in laburare da ya san aikinsa zai gaya wa ɗalibi inda kowace takarda take, ya rubuta masa takardar gabatarwa zuwa ga takwaransa na Zariya ko Jos ko Jami'ar Bayero ta Kano domin a bar shi ya shiga ya yi karatu, ko kuma ya nemo masa hoton shafukan da yake bukata ba tare da ya yi tafiyar ba. Ga mutumin da albashinsa ne kaɗai yake ɗaukar nauyin karatunsa da na gidansa, tafiya ɗaya da aka rage masa ba ƙaramin taimako ba ce.

Mutumin Da Ke Bayan Teburi

Mutane da dama suna ɗaukar jami'in laburare tamkar mai gadin littattafai, wanda aikinsa bai wuce buga hatimi da hana surutu ba. Wannan kuskure ne babba. Aikin laburare fanni ne na ilmi mai zaman kansa. Tun 1968 Jami'ar Ahmadu Bello take da sashen koyar da shi, bayan rahoton da F. A. Sharr ya rubuta a 1963 game da bukatun Jihar Arewa ta fuskar ɗakunan karatu. Dokar 1995 ta kafa majalisar yi wa ma'aikatan laburare rajista. A jami'o'inmu ana lissafa ƙwararrun jami'an laburare cikin malamai, su ma suna bincike suna wallafa maƙalu, shugabansu kuwa yana cikin manyan jami'an gudanar da jami'a.

Malamin da ke duba aikin ɗalibi ya san fanninsa, amma yana da ɗalibai da yawa da azuzuwa da tarurruka. Jami'in laburare kuwa sanin hanyar neman bayani shi ne sana'arsa. Shi zai nuna wa ɗalibi yadda ake zaɓen kalmomin nema domin kada kwamfuta ta zubo masa maƙala dubu goma marasa amfani, da yadda ake bin manazartar maƙala ɗaya mai kyau har a kai ga goma. Shi zai koya masa tsarin rubuta madogara da manazarta bisa ƙa'idar da sashensa ya zaɓa, da amfani da manhajoji irin su Zotero da Mendeley masu tsara wannan aiki, wanda da can yakan cinye makonni. Sa'a guda a gaban teburinsa a farkon karatu ta fi wata guda na lalube. Matambayi, in ji masu iya magana, ba ya ɓata.

Tarkuna Uku

Akwai wasu ramuka da masu neman babban digiri suke yawan faɗawa, laburare kuwa yana cikin masu iya tsare su.

Na farko shi ne satar aikin wani. Wani da gangan yake yi, ya sayi tsohon kundi a shagon buga takardu ya sake masa suna da gari. Wani kuwa rashin sani ne, bai san bambancin ɗauko maganar masani da nuna mai ita, da kwashe ta a mai da ita tasa ba. Jami'o'i da yawa yanzu suna tace kundaye da manhajoji irin su Turnitin, a wurare da dama kuma laburare yana da hannu a wannan aiki. Amma kama ɓarawo a ƙarshen shekara ta uku bai kai koya wa ɗalibi ƙa'ida a makon farko amfani ba.

Na biyu shi ne mujallun bogi. Da yake jami'o'i da yawa suna bukatar mai neman digirin dakta ya buga maƙala kafin ya gama, sai wasu 'yan damfara suka buɗe mujallu a intanet masu manyan sunaye, suna karɓar kuɗi su buga kome aka aika musu cikin 'yan kwanaki, ba tare da wani masani ya tantance ba. Abin sha'awa, wanda ya yi suna wajen fallasa su a duniya jami'in laburare ne, Jeffrey Beall na Jami'ar Kolorado a Amurka, wanda ya yi ta tara sunayensu har ya rufe jerin nasa a watan Janairu na 2017. Ɗalibin da ya kai sunan mujalla laburare aka duba masa kafin ya aika kuɗinsa, ya tsira da dukiyarsa da mutuncinsa.

Na uku sabo ne. Tun da aka fito da ChatGPT a ƙarshen 2022, ɗalibai suka rungumi manhajojin nan masu rubutu kamar mutum. Suna da amfaninsu, amma an tabbatar cewa sukan ƙaga sunan littafi da marubuci da shekara waɗanda ba su taɓa wanzuwa ba. Duk madogarar da mutum bai gani da idonsa ba, bai kamata ta shiga kundinsa ba, wurin tabbatar da ita kuwa shi ne laburare.

Ina Kundin Yake Zuwa?

Laburare ba bayarwa kaɗai yake yi ba, yana kuma karɓa. Duk wanda ya gama babban digiri yakan miƙa kofen kundinsa a ajiye. A cikin irin waɗannan kundaye ne ake samun abin da ba ya cikin kowane littafin Turai: yanayin ƙasar noma a gundumomin Lafiya, ko nahawun wani ƙaramin harshe, ko hirar da aka yi da wani dattijo wanda yau ba ya duniya. Sau da yawa kofe uku ko huɗu ne kaɗai suke akwai a faɗin duniya.

Abin da ya faru a Jami'ar Jos ya isa darasi. A watan Oktoba na 2016 gobara ta cinye ginin laburaren da ke harabar Naraguta, aka yi hasarar littattafai da takardu masu ɗimbin yawa. Littafin da aka buga ana iya sake sayensa in akwai kuɗi. Kundin da babu kofensa a wani wuri kuwa ya tafi ke nan. Jami'ar Jos ɗin dai ita ce ta fara buɗe rumbun adana ayyukan masananta a intanet a Nijeriya, a 2009. Jami'ar Ahmadu Bello ma tana da nata, wanda ta sa wa sunan rafin Kubanni, inda mutum yana zaune a Azuba zai iya karanta kundayen da aka rubuta a Samaru. Sababbin jami'o'i suna da sa'a a nan, domin ɗalibansu da kwamfuta suke rubutu tun farko. Ba su da tulin tsofaffin kundayen tafireta da za su ɗauki hotonsu shafi-shafi.

Abin Da Ya Rage

Masu neman babban digiri a garuruwa irin su Lafiya, da yawansu ma'aikata ne masu iyali, waɗanda ba su samun sukuni sai da yamma ko ranar Asabar da Lahadi. Laburaren da yake rufewa daidai lokacin da ake tashi daga ofis, bai san da zamansu ba. Ya kamata hukumomin jami'o'i su tsara lokutan buɗewa da irin waɗannan mutane a zuciya, su keɓe musu ɗakin nazari mai wutar lantarki tsayayya, ko da ta hasken rana ce, su kuma ba su damar shiga mujallun intanet daga gida. Tsakanin Shabu da Keffi akwai tafiyar fiye da kilomita 100, bai kamata a ce sai ɗalibi ya yi ta domin maƙala ɗaya ba.

Har ila yau, a garin Lafiya akwai jami'ar tarayya, da tsangayar jami'ar jiha, da Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Isa Mustapha Agwai, da kwalejin aikin gona. Babu ɗayansu da zai iya sayen duk abin da ake bukata. In suka yi yarjejeniya katin laburaren ɗaya ya yi aiki a sauran, kowa ya ƙaru ba tare da an kashe ko kwabo ba. Haka nan ya dace a wajabta wa kowane sabon ɗalibin babban digiri 'yan darussa a hannun jami'an laburare kafin a amince da batun bincikensa. Masu hannu da shuni ma, waɗanda suka saba gina ɗakunan taro da sunansu, su sani biyan kuɗin mujallu na shekara ɗaya sadaka ce mai gudana, ko da yake ba ta da bangon da za a manna allo.

Shi kuma ɗalibi, nasa ya fi sauƙi. Tun a makon da ya yi rajista ya je ya karɓi katinsa, ya nemi jami'in da ke kula da fanninsa, ya gaya masa abin da yake son bincikawa, ya tambayi abin da jami'a take da shi da abin da za ta iya nemo masa. In ya gama kuma, ya tabbata kundinsa ya shiga rumbu inda na baya za su same shi. Jihar da take da riɗi da doya da gishiri da ma'adinai tana bukatar masana waɗanda bincikensu zai tsaya da ƙafafunsa a gaban kowane mai jarrabawa. Allah ya ba mu su, ya kuma sa ilmin ya amfani jama'a, amin.